Masu kisan ɗauki ɗai-ɗai da kashe-kashen da har yau ba a gano bakin zarensu ba: tambayoyi da amsoshi

Na daɗe ina bibiyar wannan fannin, kuma tambayoyin da ake min kusan iri ɗaya ne kullum, shi ya sa na ga gara in tattara su waje guda in amsa. Roƙo ɗaya nake da shi kafin mu fara, duk sunan wanda aka kashe da za ku gani a nan mutum ne mai uwa da uba, wasu da 'ya'yansu, dan haka ba zan tsaya zayyana yanda aka yi wa gawa kaza da kaza ba. Wanda yake neman wannan ba zai samu a nan ba.

Wai wane ne ake kira mai kisan ɗauki ɗai-ɗai, meye bambancinsa da sauran masu kisan kai?

Shine wanda zai kashe mutum, ya koma gida ya ci gaba da harkokinsa kaman ba abinda ya faru, bayan sati ko wata ko ma shekaru ya sake fitowa ya kashe wani. Wannan tazarar da ke tsakani ita ta raba shi da wanda ya buɗe wuta cikin taro ya kashe mutum goma a lokaci guda. Da can ana cewa sai ya kai mutum uku, amma a taron da hukumar FBI ta Amurka ta kira a 2005 an tsaya a kan mutum biyu ko fiye, in dai a lokuta daban-daban ne. Yawanci kuma bai san wanda ya kashe ba, ba gaba tsakaninsu, ba bashi, ba rikicin gado, kuma nan wahalar take ga 'yan sanda, dan su in an yi kisa makusanta suke fara dubawa, to shi wannan ba ya cikin makusanta.

Mahaukata ne ko?

Mafi yawansu a'a, kuma na san amsar ba ta yi wa mutane daɗi dan ya fi sauƙi a ce mahaukaci ne a huta. A kotu abinda ake dubawa shine lokacin da ya aikata ya san me yake yi, ya san laifi ne? Wanda ya tanadi igiya, ya zaɓi inda ba jama'a, ya ɓatar da sawunsa, ya yi wa matarsa ƙaryar inda ya kwana, ai ya sani sarai. Jeffrey Dahmer na Amurka da ya kashe maza da samari 17, lauyoyinsa sun kafe cewa taɓin hankali ne, kotu a 1992 ta ce da hankalinsa. Dennis Rader ya kashe mutum 10 a yankin Wichita na jihar Kansas tsakanin 1974 da 1991, alhali yana da mata da 'ya'ya biyu, yana zuwa aiki, har shugaban kwamitin cocinsu ya zama. Abinda likitocin ƙwaƙwalwa ke yawan gani tare da irin waɗannan shine bushewar zuciya, ba tausayi ko ɗis, ƙarya ba ƙyafta ido, suna kallon ɗan adam kaman kayan amfani. Kuma dan Allah a daina jingina wa masu fama da taɓin hankali na gaske wannan abin, su bayin Allah an fi cutar da su a kan su cutar da wani.

To me ke sa su?

Ba dalili ɗaya ba ne. Wasu son su ga ran mutum a tafin hannunsu ne, wasu sha'awa ce ta gauraye da mugunta, wasu kuɗi, wasu neman suna. Da yawansu an azabtar da su suna ƙanana, gaskiya ne, amma miliyoyin yara sun sha irin wannan azabar sun girma ba su kashe ko kiyashi ba, dan haka ni ban ɗauki wannan a matsayin uzuri ba. Kuma a yi hattara da dalilin da su da kansu suke bayarwa bayan an kama su, mutumin da ya shekara ashirin yana yi wa matarsa ƙarya ba yau zai fara gaskiya dan ya ga ɗan jarida ba.

Gaskiya ne suna da kaifin basira fiye da sauran mutane, kaman yanda ake nunawa a fina-finai?

Wannan ƙarin gishirin 'yan fim ne. In ka bi yanda dubun yawancinsu ta cika ba za ka ga wani wayo na a zo a gani ba. Ɗauki Rader ɗin nan, ya yi shiru shekara da shekaru har an fara mantawa da shi, son a san da shi ya sa a 2004 ya dawo yana aika wasiƙu, har ya tambayi 'yan sanda wai in ya turo saƙo a faifan kwamfuta irin na da ɗin nan, filofi, za su iya gano shi? ya ce su faɗa masa tsakani da Allah. Suka amsa masa ta jarida cewa ba komai, ya aika, ana buɗewa sai ga sunan cocinsu da sunan Dennis a cikin bayanan fayil ɗin, a Fabrairun 2005 ya shiga hannu. Peter Sutcliffe na Ingila da ya kashe mata 13 daga 1975 zuwa 1980, lambar mota ta bogi ce ta tona masa asiri a Sheffield a Janairun 1981, 'yan sintiri ne kawai suka leƙa wata mota da suka gani a fake cikin dare. Ted Bundy na Amurka, mai kisan 'yan mata da ake ta zuzuta wayonsa, kamunsa na farko a 1975 a jihar Utah ɗan sanda ne ya bi motarsa da daddare ya ga kayan da ba su kwanta masa ba, na ƙarshe kuma a 1978 a Florida cikin motar sata aka same shi.

In ba wayo ba ne, ya ake yi wani ya shekara ashirin ko talatin yana kisa ba a kama shi ba?

Nan maganar take, in ma ba za ka karanta sauran ba ka karanta wannan. Suna daɗewa ne saboda irin mutanen da suke zaɓa, waɗanda in sun ɓata ba mai tada jijiyar wuya.

Samuel Little, tsohon ɗan dambe, ya amsa cewa ya kashe mutum 93 a faɗin Amurka daga 1970 zuwa 2005, a 2019 FBI ta ce ta tabbatar da 50 daga ciki. Kusan duk mata ne talakawa, da yawa baƙaƙen fata, masu zaman kansu ko masu shaye-shaye, kuma da yake shaƙe su yake ba wuƙa ba harsashi, sai a rubuta cewa ƙwaya ce ta kashe ta a rufe fayil. An sha kama shi kan laifuka iri-iri ana sakinsa, sai a 2014 aka ɗaure shi kan kisan mata uku a Los Angeles. Abinda ya fi taɓa ni, a gidan yari ya riƙa zana fuskokin matan daga ƙwaƙwalwarsa, hukuma ta wallafa zanen tana cigiya ko akwai wanda ya san su, wato wasunsu ko sunansu ba a sani ba. Ya mutu a Disambar 2020.

Gary Ridgway na jihar Washington, wanda aka samu da laifin kashe mata 49, ya faɗa a takardar amsa laifinsa a 2003 cewa ya zaɓi mata masu zaman kansu ne dan ya san ba za a yi cigiyarsu da wuri ba, wasu ma ba za a taɓa yi ba. A Kanada kuma, a 1997 wata mata ta tsero daga gonar aladun Robert Pickton jina-jina da ankwa a hannunta, aka tarar da makullin ankwar a aljihunsa, amma aka yi watsi da ƙarar wai 'yar ƙwaya ce ba za a yarda da shaidarta ba. Ya ci gaba har 2002, daga baya aka samo alamun ƙwayar halitta, wato DNA, ta mata 33 a gonar. Kwamitin binciken da ya fitar da rahoto a 2012 ya ce 'yan sanda sun gaza, kuma akwai raini ga irin matan.

Na Dahmer kam har yau in na tuna sai raina ya ɓaci. A Mayun 1991 wani yaro ɗan shekara 14 mai suna Konerak Sinthasomphone ya kuɓuto daga ɗakinsa a Milwaukee, a buge da maganin da aka ɗura masa, wasu mata maƙwabta suka kira 'yan sanda suna ta nanata cewa yaro ne fa, Dahmer ya zo a natse ya ce babba ne saɓani kawai suka samu, 'yan sandan suka yi kunnen uwar shegu da matan suka raka yaron har cikin ɗakin suka tafi. A daren ya kashe shi, ya ƙara kashe mutum huɗu kafin a kama shi a watan Yuli.

Shi ma Sutcliffe sau tara 'yan sanda suna masa tambayoyi suna sallamarsa, kuma a lokacin jami'ai sun riƙa raba matan da aka kashe gida biyu, wai waɗannan na kirki ne waɗancan kuwa masu yawon dare ne. Sai a 2020 rundunar ta nemi afuwar iyalai kan waɗannan kalaman. A Afirka ta Kudu Moses Sithole da alƙawarin aiki ya riƙa jan mata marasa aikin yi zuwa daji, a 1997 aka same shi da kisan mutum 38 aka yanke masa shekara 2,410. Ƙasashe daban-daban ne amma ka ga labarin kusan ɗaya ne.

Mata ma suna yi?

Suna yi, sai dai ba su kai maza yawa ba, kuma sun fi amfani da guba ko su kashe waɗanda ke ƙarƙashin kulawarsu. A birnin Meziko an daɗe ana neman namiji kan kisan tsofaffin mata da ke zaune su kaɗai, har aka riƙa kama maza masu shigar mata, ashe wata 'yar kokawa ce Juana Barraza, tana shiga gidajen da sunan ma'aikaciyar jinya ko ta jin ƙai. An kama ta a Janairun 2006, aka yanke mata shekara 759.

Wa ya fi kowa yawan kisa?

Cikin waɗanda aka bincika da kyau, masu farin kaya na asibiti suna sahun gaba, abin takaici. Harold Shipman likita ne a garin Hyde kusa da Manchester, mutane na sonsa dan yana bin tsofaffi har gida, ashe allurar diamorphine, wani maganin kashe raɗaɗi mai ƙarfi, yake musu fiye da kima sannan shi da kansa ya cike takardar mutuwa ya rubuta tsufa ko ciwon zuciya. A farkon 1998 wata likita ta yi ƙorafi cewa mace-macen majinyatansa sun yi yawa, 'yan sanda suka yi wa binciken riƙon sakainar kashi suka rufe, ya ƙara kashe mutum uku. Kwaɗayi ne ya kayar da shi, ya ƙirƙiri wasiyyar bogi da tafiretarsa da sunan wata tsohuwa Kathleen Grundy wai ta bar masa dukiyarta, ita kuma 'yarta lauya ce, tana gani ta ce wannan ba rubutun mahaifiyata ba ne. A 2000 aka same shi da kisan mutum 15, kwamitin bincike daga baya ya ƙiyasta sun kai wajen 250. A Jamus ma wani nas Niels Högel an same shi da kisan majinyata 85 a 2019.

Amma fa a yi taka-tsantsan da alƙaluma. Henry Lee Lucas a Texas ya amsa ɗaruruwan kisa, 'yan sanda daga jihohi da dama suka riƙa zuwa da tsofaffin fayiloli yana amsawa suna rufewa, sama da 200 aka rufe a haka, sai 'yan jarida suka lissafa a 1985 suka ga ba yanda za a yi mutum ɗaya ya kasance a duk wuraren nan. A Suwidin Sture Bergwall, wanda ya kira kansa Thomas Quick, ya amsa kisa sama da 30 yana asibitin ƙwaƙwalwa ana ɗura masa magunguna masu ƙarfi, kotuna suka same shi da 8, zuwa 2013 an soke duka. Ka tuna duk fayil ɗin da aka rufe da ƙaryar irin waɗannan, ainihin wanda ya yi kisan yana can yana yawonsa.

Na ga ana yaɗawa cewa an gano Jack the Ripper. Gaskiya ne?

Ba a gano shi ba. Abinda aka tabbatar shine a 1888, a unguwar talakawa ta Whitechapel a gabashin Landan, an kashe mata biyar da aka fi yarda cewa hannu ɗaya ne, Mary Ann Nichols ranar 31 ga Agusta, Annie Chapman 8 ga Satumba, Elizabeth Stride da Catherine Eddowes a dare ɗaya 30 ga Satumba, sai Mary Jane Kelly 9 ga Nuwamba. Mata ne da kuɗin gadon kwana ɗaya ma kan gagare su. Shi kansa sunan daga wata wasiƙa ya fito da aka aika wa wani kamfanin dillancin labarai, kuma tun a wancan lokacin manyan 'yan sanda suna zargin ɗan jarida ne ya rubuta ta.

Labarin da ke dawowa duk bayan 'yan shekaru na wani mayafi ne da aka saya a gwanjo a 2007, wai an tsince shi kusa da gawar Eddowes, wai gwaji ya nuna Aaron Kosminski, wani mai aski ɗan asalin Poland da dama yana cikin waɗanda aka zarga kuma ya mutu a asibitin mahaukata a 1919. Matsalar ita ce mayafin ba ya cikin jerin kayan da 'yan sanda suka rubuta a lokacin, hannaye ba iyaka sun taɓa shi cikin shekara sama da ɗari, kuma irin ƙwayar halittar da aka gwada ta ɓangaren uwa ce wadda mutane da yawa kan yi tarayya a kanta, tana iya cire mutum daga zargi amma ba ta isa ta nuna mutum ɗaya tak ba. Ni a ganina wannan fayil ɗin ba zai taɓa rufuwa ba.

Zodiac fa? Ba an warware zaurancensa ba?

Zodiac suna ne da wani makashi ya raɗa wa kansa a wasiƙun da yake aika wa jaridu, wasu da rubutun zaurance. An warware biyu, sunansa na gaskiya dai babu a ciki. Ya kai hare-hare a arewacin Kalifoniya a 1968 da 1969, an tabbatar da mutum biyar da ya kashe, biyu sun rayu, shi kuma ya yi iƙirarin 37. Zaurancen farko mai alamomi 408 da ya raba wa jaridu uku, wani malamin makaranta Donald Harden da matarsa Bettye ne suka kwance shi a gida cikin 'yan kwanaki. Na biyu mai alamomi 340 ya gagari kowa shekara 51, sai a Disambar 2020 wasu mutum uku, David Oranchak a Amurka, Sam Blake a Ostareliya da Jarl Van Eycke a Beljiyam, suka haɗa kai ta intanet suka kwance shi da manhajar kwamfuta, aka tarar cika baki ne kawai. Akwai gajeru biyu da suka rage.

Wani abu da ba a cika faɗa ba, daren da ya harbe direban tasi Paul Stine a San Francisco, 11 ga Oktoban 1969, an yi kuskure a sanarwar rediyon 'yan sanda aka ce baƙar fata ake nema, wasu jami'ai biyu suka wuce wani farar fata yana tafiya a ƙasa kusa da wurin ba su kama shi ba. Wanda aka fi zargi, Arthur Leigh Allen, ya mutu a 1992 ba a taɓa gurfanar da shi ba.

Yaushe aka fara kama mutane da gwajin ƙwayar halitta, wato DNA?

A Ingila. Alec Jeffreys na jami'ar Leicester ne ya gano dabarar a 1984, kuma a wasu ƙauyuka kusa da nan an kashe 'yan mata biyu masu shekara 15, Lynda Mann a 1983 da Dawn Ashworth a 1986. Abinda nake so a lura da shi, aikin farko da gwajin ya yi wanke mutum ne, dan wani yaro ɗan shekara 17 ya riga ya amsa kisa na biyu a hannun 'yan sanda, gwaji ya nuna ba shi ba ne. Daga nan aka ɗebi jinin maza kusan 5,000 na yankin ba a dace ba, saboda mai laifin, Colin Pitchfork ma'aikacin gidan burodi, ya lallaɓi abokin aikinsa ya je ya ba da jini a madadinsa. Abokin ya yi suɓul da baka a mashaya, wata mata ta ji ta kai rahoto, aka kama Pitchfork a 1987.

Sabon salo kuma shine bin dangi. Joseph DeAngelo ya addabi Kalifoniya daga 1974 zuwa 1986, kisa 13, fyaɗe wajen 50, fasa gidaje sama da 100, kuma a wani ɓangare na lokacin shi kansa ɗan sanda ne har aka kore shi a 1979 kan sata a kanti. Ana da ƙwayar halittarsa amma ba ya cikin rumbun bayanan masu laifi. Sai masu bincike suka ɗora ta a GEDmatch, wani shafin intanet inda mutane ke neman danginsu na nesa, aka samu wasu da suka haɗa kakan kakanni da shi, aka zauna wata da watanni ana zana salsalar dangin ana cire mata, ana cire waɗanda shekarunsu ko garinsu bai dace ba, har aka tsaya a kansa, sannan aka bi shi aka ɗauki samfuri a marfin motarsa da cikin sharar gidansa. Afrilun 2018 aka kama shi yana da shekara 72, a 2020 ya amsa laifi aka masa ɗaurin rai da rai. Akwai masu damuwa da cewa bayanan da ka ɗora dan neman dangi za su iya jawo a bi ɗan uwanka da bai ba da izini ba, kuma damuwar tana da tushe, ya kamata doka ta fayyace iyakar abin.

Kenan yanzu da DNA ba kisan da zai gagara?

Ina! Gwajin yana faɗa maka na wane ne kawai in kana da wanda za ka kwatanta da shi. A daren 30 ga Disambar 2000 wani ya shiga gidan Mikio Miyazawa a unguwar Setagaya ta Tokyo ya kashe shi da matarsa Yasuko da 'yarsu Niina mai shekara 8 da ɗansu Rei mai shekara 6, sannan ya zauna a gidan sa'o'i, ya sha askirim daga firij, ya taɓa kwamfuta, ya bar kayan jikinsa, ya bar jininsa da zanen yatsunsa. An sa ladan yen miliyan 20, har yau ko sama ko ƙasa.

Kuma gwajin kan ɓatar da mutane in aka yi sakaci. A Jamus an shafe shekaru ana farautar wata mata da ƙwayar halittarta ta bayyana a wuraren laifi kusan 40 a Jamus da Ostiriya da Faransa, har da inda aka harbe wata 'yar sanda Michèle Kiesewetter a Heilbronn a 2007, aka sa ladan yuro 300,000, a 2009 aka gano ta wata ma'aikaciya ce a masana'antar da ke haɗa tsinken audugar da ake ɗaukar samfuri da shi. Sai a 2011 aka gano cewa wata ƙungiyar 'yan ra'ayin Nazi ce ta kashe 'yar sandan. A Amurka ma, a shekarun 1960 ana warware sama da kashi 90 cikin ɗari na kisan kai a lissafin hukuma, zuwa 2022 kuwa abin ya sauko har kusan rabi, duk da na'urorin.

An taɓa hukunta wanda bai ji ba bai gani ba a madadinsu?

Sau da yawa, kuma wannan ne ɓangaren da ya fi ci min rai, dan an kashe mutum biyu kenan da laifi ɗaya. A Landan an rataye Timothy Evans a 1950 kan kisan jaririyarsa, babban mai shaida a kansa maƙwabcinsa ne John Christie da ke zaune a ƙasan benen, bayan shekara uku aka tono gawarwakin mata a ɗakunan Christie da bayan gidan. An yafe wa Evans a 1966, yana kabari shekara 16. A Tarayyar Sobiyat an harbe Aleksandr Kravchenko a 1983 kan kisan wata yarinya a 1978, daga baya Andrei Chikatilo ya amsa cewa shi ne. Shi Chikatilo ɗin an taɓa kama shi a 1984 aka cire shi daga zargi dan rukunin jininsa bai dace da na samfurin da ake da shi ba, ya ci gaba har 1990, aka same shi da kisa 52.

A Koriya ta Kudu, cikin kashe-kashen mata 10 na Hwaseong tsakanin 1986 da 1991, an kama wani matashi Yoon Sung-yeo mai ɗingishin shan inna, aka hana shi barci aka gana masa azaba har ya amsa ɗaya. Ya yi shekara 20 a kurkuku. A 2019 gwaji ya nuna Lee Choon-jae, wanda dama yana ɗaure tun 1994 kan kisan ƙanwar matarsa, ya amsa kisa 14 har da wanda aka ɗaure Yoon a kansa, ya zo kotu ya maimaita a gaban alƙali. Disambar 2020 aka wanke Yoon, ya shiga yana saurayi, ranar da aka wanke shi ya haura hamsin.

Shari'ar kisa tana da wa'adin da in ya wuce shikenan?

Ya danganta da ƙasa. A Ingila da Amurka da Jamus kisan gilla ba ya tsufa. Japan ta soke wa'adin a 2010, Koriya ta Kudu a 2015, amma na Hwaseong ya riga ya ƙare tun 2006, shi ya sa Lee ya amsa komai kuma ba a iya gurfanar da shi kan ko ɗaya ba.

Mu da muke bibiya a intanet, akwai abinda za mu iya taimakawa da shi?

Akwai, mutum ukun da suka kwance zaurancen Zodiac ba 'yan sanda ba ne, kuma da suka gama hukuma suka fara kai wa kafin su sanar da duniya. Haka ake yi. Abinda ba a yi shine ka ɗora hoton wani a Facebook ko TikTok ka ce ga mai kisan dan kawai fuskarsa ba ta maka ba, shafa wa mutum kashin kaji irin wannan yana rusa gida. Wasa da irin wannan lamarin ma yana cin rai, lokacin farautar Sutcliffe wani mutum John Humble ya aika wa 'yan sanda wasiƙu da kaset na ƙarya yana cewa shine makashin, suka gaskata, suka riƙa sallamar duk wanda karin harshensa bai yi kama da na kaset ɗin ba, har da shi Sutcliffe, aka ƙara kashe mata uku. Yawun da ya manna ambulan da shi ne ya tona shi bayan shekara sama da ashirin, aka ɗaure shi a 2006.

Cikin duka wanne ya fi tsaya maka a rai?

Yaron cikin kwali. A Fabrairun 1957 aka tsinci gawar wani ƙaramin yaro a cikin kwali a gefen hanya a Philadelphia, an naɗe shi da bargo, jikinsa duk alamun duka da yunwa, an yi masa aski bai daɗe ba. Aka buga hotonsa aka raba ko'ina, ba wanda ya zo ya ce nawa ne. Wasu daga cikin jami'an da suka fara binciken sun riƙe maganar har suka yi ritaya har suka mutu, suna kai ziyara kabarinsa da aka rubuta wa yaron Amurka da ba a san shi ba. Sai a Disambar 2022, ta hanyar bin dangin nan da na faɗa, aka gano sunansa Joseph Augustus Zarelli, shekararsa huɗu. Ba a gurfanar da kowa kan kisansa ba har yanzu. Ranar 13 ga Janairun 2023, ranar da zai cika shekara 70 da yana raye, aka kafa sabon dutse a kan kabarin da sunansa a jiki.